Yini Guda a Kan Duwatsun Kalgo da Gwandu

Idan ka tambayi ɗan makaranta wane dutse ya fi kowane tsawo a duniya, kafin ka rufe baki ya ce Ebares, har ya ƙara maka da cewa tsawonsa mita 8,849 ne, kuma a shekarar 1953 aka fara taka ƙololuwarsa. In ka ce a Afirka fa, ya ce Kilimanjaro na ƙasar Tanzaniya, mita 5,895. Amma ka juya da shi ka nuna masa dutsen da ke bayan garinsu, wanda ya ke gani kowace safiya tun yana goye, ka ce, "Me ya sa kan wannan dutse ya ke a shimfiɗe kamar faifai?" sai ya tsaya yana susar ƙeya. Na nesa ya haddace shi a takarda, na kusa kuwa ko sau ɗaya bai taɓa hawa ba. Hangen Dala dai ba shiga birni ba ne.

A waɗansu ƙasashe mutane sun mai da ziyarar duwatsunsu al'ada. A Japan akwai wani dutse ana ce da shi Fuji, tsawonsa mita 3,776. Da safe motoci su kan kwashi baƙi daga birnin Tokyo, kowace mota da ja-goranta mai yi musu bayani, a kai su har wajen tsakiyar dutsen, a komo da su da maraice. Mu nan ƙasar Gwandu ba mu da dutse mai kama da wannan. Namu gajeru ne, mai lafiya ya hau ya sauko tun rana ba ta yi zafi ba. Amma fa ba tsawo kaɗai a ke nema ga dutse ba. Wanda ya yi yini guda tsakanin Kalgo da Gwandu tare da wanda ya san wurin, zai komo gida ya san abu uku: yadda duwatsun nan suka samu, da inda ruwan rijiyoyinmu ya ke kwance, da dalilin da ya sa garin Gwandu bai ci wuta ba a shekarar 1805. Za ku ga kuwa ukun nan duk igiya ɗaya ta ɗaure su.

Zancen Ja-gora

Abu na farko shi ne ja-gora. A Kilimanjaro hukuma ba ta barin kowa ya hau sai da ja-gora mai takardar izni, gama can tafiyar kwanaki ce, ga sanyi, ga ƙarancin iska, wanda ya ɓata ya halaka. Nan wajenmu ba tsoron halaka ya sa a ke nemansa ba. Dalili shi ne baƙo ko da idonsa biyu a buɗe, abin da ya sani kaɗai ya ke gani. Ka kai shi kan dutse, ya duba gabas ya duba yamma, ya ce, "Kai, wuri ya yi kyau," shi ke nan, ya sauko da gajiya ba ilmi.

Ja-gora iri biyu ne, kuma in da hali a haɗa su duka. Na ɗaya ɗan gari, dattijo, galibi mafarauci ko makiyayi, wanda ya san inda hanya ta ke da sauƙin hawa, da kogon da zuma ta ke, da sunan kowane itace, da labarin da kakanni suka bari. Na biyu malami wanda ya karanta ilmin ƙasa da tarihi. Irinsa ba ya wuyar samu yanzu, tun da Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda aka kafa a 1913 da ɗari bisa, watau 2013, a ƙasar Kalgo ta ke zaune. Dattijon ya san wuri, malamin ya san dalili.

Hanyar samun ɗan gari kuwa sananniya ce. A fara zuwa a gai da hakimi ko mai gari, a faɗi abin da ya kawo mutum, a roƙi a haɗa shi da wanda ya sani. A Kalgo sarautar hakimin ita ce Sarkin Gobir. A shirya da ja-gora a kan ladansa tun ba a tashi ba, kada a bar shi da "mun gode" kawai, gama yininsa aka ci. In ya faɗi abin da ya saɓa wa na littafi, kada yaro ya yi masa gardama a gaban mutane. A rubuta yadda ya faɗa, in an komo a gwada da na littafin. Sau da yawa a wurin saɓanin nan ne a ke tsintar abin da ba a sani ba.

Shirin Tafiya

Lokacin da ya fi dacewa shi ne kaka, daga ƙarshen watan Oktoba zuwa farkon Disamba. Ruwa ya ɗauke, ƙasa ta bushe, hazo kuma bai yi kauri ba tukuna. In hunturu ya kankama, ƙura ta kan rufe nesa, ka hau ka rasa abin hange. Da bazara, watau Maris zuwa Mayu, zafi ya kan wuce awo 40, dutsen kansa ya yi kamar tanda. Da damina kuwa ga santsi, ga ciyawa mai ɓoye maciji.

Kowa ya riƙe gorar ruwansa, da malafa, da sanda, da takalmi mai rufe ƙafa, da ɗan guzuri, da takarda da fensir. A kiyayi sa hannu cikin rami, ko juya dutse da hannu, domin kububuwa da kunama irin wurin nan su ke so. Kada kuma a manta da tambayar hukuma lafiyar hanya kafin a tashi. Kalgo tana kudu da Birnin Kebbi wajen mil 10, Gwandu tana gabas da shi wajen mil 30, saboda haka tafiyar ta mota ce, kuma sai an yi sammako. A gama da Kalgo da hantsi, a yi azahar a Gwandu, a kama hanyar gida kafin almuru.

Safiya a Kalgo

To, ga mu a gindin ɗaya daga tsaunukan da ke bakin fadama a wajen Kalgo. Ja-gora na gaba, a bi sawunsa sannu sannu. Tun daga ƙasa za ka lura da itatuwa suna sakewa. A gindi ga kalgo, itacen da sunansa ya zo ɗaya da na garin, wanda a ke yin igiya da ɓawonsa. Da ka yi sama sai geza da sabara, masu jimirin tsakuwa da ƙishirwa. A can bisa kuwa fako ne, baƙin dutse ja-ja mai ramuka kamar saƙar zuma. Wannan ita ce marmara. Ɗauki guntu ka ji nauyinsa a hannu. Ƙarfe ne a ciki ya sa ya yi nauyi, jan nan kuma tsatsa ce, irin wadda ka ke gani a jikin tsohuwar fartanya.

Ka dubi yamma. Ga fadamar Gulbin Kebbi shimfiɗe, koriya shar da shinkafa, ruwa yana ƙyalli tsakaninta, yana gangarawa kudu inda na Zamfara zai tarad da shi, su tafi tare su faɗa Kwara. Sa'an nan ka bar kallon fadama, ka dubi sauran tsaunuka na kusa da na nesa, ka daidaita sandarka a gaban idonka a kwance. Me ka gani? Kawunansu duka kusan a layi ɗaya su ke, sai ka ce wani ya bi su da wuƙa ya yanke. Wannan shi ne mabuɗin al'amarin duka.

Ga abin da masana ilmin ƙasa suka gano. Wajen shekara miliyan 60 da suka wuce, teku ta ratso ta inda Sahara ta ke yanzu, ta rufe ƙasar Sakkwato. Shaidarta tana nan: farin dutsen Kalambaina da a ke yin siminti da shi kusa da Sakkwato, a ƙarƙashin teku ya taru, har yau a kan tsinci ɓawon halittun ruwa a cikinsa. Da tekun ta janye, sai koguna da tafkuna suka yi ta zubo yashi da yumɓu a kan abin da ta bari, shimfiɗa bisa shimfiɗa, zamani bayan zamani, har kaurinsu ya kai wajen mita 300 a can kusa da iyakar Nijar. Masana sun sa wa shimfiɗun nan sunan Gwandu, da sunan nan kuwa a ke kiransu a littattafan ilmin ƙasa ko'ina cikin duniya.

A sa'an nan ƙasar duka fili ɗaya ce, tsayinta daidai da inda ka ke tsaye yanzu. Ruwan damina ya riƙa narkar da ƙarfen da ke cikin ƙasa yana tara shi kusa da sama, rani ya zo ya gasa shi, har ya daskare ya zama ɓawo mai tauri. Daga baya koguna suka sami inda ɓawon ya tsage, suka shiga, suka yi ta kwashe yashi da yumɓun da ke ƙarƙashi, gama su ba su da ƙarfin tsayawa. Inda ɓawon ya saura, abin da ke ƙarƙashinsa ya tsira. Ka taɓa ganin tsohuwar katangar ƙasa wadda aka kifa wa fasasshen kasko a kai? Bayan damina goma katangar duk ta zaizaye, sai wurin kaskon kaɗai ya ke tsaye. To, duwatsunmu ke nan. Ba tsirowa suka yi daga ƙasa ba, ƙasar da ke kewaye da su ce ta tafi ta bar su. Marmarar nan ita ce hularsu.

In ja-gora ya kai ka bakin kwazazzabo, ko inda aka yanka dutse don hanya, za ka ga abin da idonka: hula a sama, ƙarƙashinta yashi ja, sa'an nan yumɓu fari ko mai ɗorawa-ɗorawa, sa'an nan yashi kuma. Gani ya kori ji. Dala da Goron Dutse na Kano su ma masu hular marmara ne, kuma tamar da ke jikin Dala ce ta jawo maƙera suka zauna gindinta fiye da shekara 1,000 da suka wuce, tun Kano ba ta zama birni ba.

Inda Ruwa ya ke Kwance

Kafin a sauko, sai malami ya ɗauki yashin nan a hannu ɗaya, yumɓu a ɗaya hannun, ya zuba wa kowane ruwa. Yashi ya shanye nan da nan, yumɓu ya riƙe nasa a bisa. Shimfiɗun nan kuwa ba a kwance sosai su ke ba, sun ɗan karkata wajen arewa maso yamma. Saboda haka ruwan sama da ya faɗi a tudu, inda yashin ya ke a buɗe, sai ya nutse ya bi gangare a ƙarƙashin ƙasa, yumɓu a samansa, yumɓu a ƙasansa, ba shi da mafita. Yana nan a matse kamar ruwa cikin salkar da aka danne.

A shekarun 1960 masana na Nijeriya da na Amurka suka yi ta haƙa rijiyoyin burtsatse a lardin Sakkwato don su auna ruwan nan. A cikin fadamar Gulbin Kebbi, inda ƙasa ta yi kwari, suka tarar in an huda yumɓun sama, ruwa ya kan taso da kansa har ya malalo, ba guga ba inji. Ashe yashin da ka ke murzawa a jikin dutse shi ne randar da garuruwa da yawa na ƙasar nan su ke sha daga ciki. Wanda ya gane wannan ba zai ƙara cewa tudun marmara wofi ne ba.

Azahar a Gwandu

Daga nan sai mota, a nufi gabas. Abin da zai fara ba ka mamaki shi ne ba ka ganin Gwandu sai ka zo kanta, domin a cikin kwari ta ke, tsaunuka masu shimfiɗaɗɗen kai sun kewaye ta, irin waɗanda ka hau da safe. Kwarin yana da damshi da lambuna. Wani Bajamushe matafiyi, Heinrich Barth, wanda a ƙasashen nan ya ke kiran kansa Abdulkarim, ya sauka garin a 1853, zamanin Sarkin Gwandu Halilu, ya yaba albasar wurin da ayabarsa. A nan ne kuma aka ba shi aron littafin Tarihus Sudan, mai ba da labarin daular Sanwai da Tambutu, ya zauna kwanaki yana kwafar abin da ya iya. Ta hannunsa Turai ta fara sanin abin da ke cikin littafin.

Bayan salla a ziyarci hubbaren Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, ƙanen Shehu Usmanu, wanda aka ba riƙon yammacin daula a 1812, ya rasu a nan a 1829. A tuɓe takalma, a sassauta murya, a bi abin da masu tsaron wurin suka ce. Da la'asar sakaliya sai a hau tudun da ke kallon gari, a zauna, a saurari ja-gora.

A watan Afrilu na 1805 jama'ar Shehu suka ci Birnin Kebbi, a cikin shekarar kuma Shehu ya taso ya zauna Gwandu. Garin a lokacin ba shi da ganuwa. Da kaka ta yi, sai Gobirawa da Abzinawa da Kabawan da ba su bi ba suka haɗa runduna suka taso. Shugabannin jama'a suka yi saɓani, waɗansu suna ganin a jira su a gida, waɗansu suna ganin a fita a tare su. Aka fita. Aka haɗu a Alwasa, wajen mil 20 daga Gwandu, a bakin fadama, fili sarari inda doki da raƙumi su ke sukuwa yadda suka so. Jama'ar Shehu galibinsu dakaru ne 'yan baka. Aka yi musu mummunar ɓarna, aka kashe wajen mutum 1,000, sauran suka komo Gwandu a warwatse, maƙiya na biye.

Yanzu dubi ƙarƙashin ƙafarka. Duk mai son ya faɗa wa garin nan sai ya ratsa tuddan nan, ya gangara ta gefensu. Tsakuwar marmara tana cin kofaton doki, tana yanka tafin raƙumi, ga gangare mai tsayi, ga duwatsu inda ɗan baka zai laɓe ya yi harbi. Dawakin lifida da suka yi nasara a fili, nan nauyinsu ya zama musu kaya. Shehu ya fito ya ƙarfafa zukatan mutane, suka tsaya, aka yi kwanaki ana gwabzawa, daga ƙarshe rundunar ta karye ta watse. A shekarar da ta biyo, 1806, Muhammadu Bello ya gina wa garin ganuwa, a 1808 kuma Alƙalawa, babban birnin Gobir, ta faɗi. Labarin yaƙin nan yana cikin Infaƙul Maisur na Muhammadu Bello da Tazyinul Waraƙat na Malam Abdullahi. Amma wanda ya karanta shi a ɗaki sunaye kawai ya sani. Sai ya taka tsakuwar nan da ƙafarsa zai gane yadda mutanen da aka kora jiya suka yi kora yau. Tsayuwar zuciya tasu ce, amma wurin tsayawar hular dutsen nan ce ta ba su.

Mai neman gaskiya kuma ya tuna kowane yaƙi bakinsa biyu. Yadda a ke ba da labarin nan a Gwandu dabam, yadda Kabawa su ke ba da shi a Argungu dabam. In ya sami wani yinin, ya je can gidan tarihi na Kanta ya ji nasu.

Abin da a ke Gudu

Saura magana ɗaya, ita ce kuwa mai nauyi. Dutse ya fi mutum daɗewa, amma ba ya fin ƙarfin mutum. Marmara ita ce a ke haƙa a yi burjin hanya da cikon gini, geza da sabara kuma su ne itacen girki. Ba mai cewa a daina yin hanya ko a daina dafa tuwo. Amma ka riga ka ga abin da ke ƙarƙashin hular: yashi ne da yumɓu. In aka fasa ta ba lissafi, aka sare itacen da ke riƙe da gefenta, ruwan damina ba zai tsaya ya nutse ba, sai ya kwararo da gudu, ya tsaga kwazazzabo, ya binne gonar fadama da rairayi. Abin da ya yi shekaru dubbai yana taruwa, motar haƙa ta kwashe shi cikin mako guda. Ya kamata a ware wuraren haƙa, a bar waɗanda ke kan gari da waɗanda ke da tarihi.

Dattawan da suka san sunan kowane tudu, da inda ganuwa ta bi, da inda aka yi kaza, su ma ba dawwama za su yi ba. Kowane ɗaya ya tafi ba a rubuta abin da ya sani ba, dutsen da ya sani ya koma bebe. Don haka, 'yan'uwa, wanda ya sami hutu bana, kada ya ce sai ya tara kuɗin zuwa Tanzaniya. Ya tara abokansa biyar ko shida, su haɗa kuɗin mota da na ja-gora, su yi sammako. In sun komo, kowa ya rubuta abin da ya gani da abin da aka gaya masa, da sunan wurin da ranar. Wanda kuma garinsu ba ƙasar Gwandu ba ne, ai akwai Kwatarkwashi, akwai Kufena, akwai Dala, kowa da na bayan gidansu. Matambayi ba ya ɓata.

Allah ya kai mu lafiya, ya komo da mu lafiya. Haza wasalam.